Kura da Shan Bugu: Jitar Abzin, Situdiyon Sakkwato da Makomar Masu Haɗa Sauti

A shekarar 2008 wani matashi Ba'abzine daga Jamhuriyar Nijar ya tsallako iyaka da jitarsa ya sauka a Sakkwato, ya shiga ɗaya daga cikin situdiyon da ake yi wa mawaƙan Hausa aiki, aka ɗauki waƙoƙinsa da harshen Tamashek. Masu situdiyon sun yi masa irin aikin da suka saba yi wa kowa. Suka ɗora masa gangar na'ura, suka bi muryarsa da manhajar nan mai gyara murya, har ta riƙa karkarwa irin ta waƙoƙin finafinanmu. Sunansa na yanka Mahamadou Souleymane, amma duniya ta fi saninsa da Mdou Moctar, kundin kuwa aka sa masa suna Anar. Yau wannan mutum yana cika manyan zaurukan Amurka da Turai, mujallun kiɗa na can suna lissafa shi cikin gwanayen jita na wannan zamani. A wannan mako ina so mu bi sawun tafiyarsa, domin akwai hannun mutanenmu a cikinta, kuma akwai tambayar da ya dace mu yi wa kanmu game da waɗanda suke zaune a bayan na'ura suna haɗa sautin da muke saurare dare da rana.

Mdou ɗan yankin Azawak ne a jihar Tawa, inda garuruwan Abalak da Cintabaraden suke, an kuma haife shi a tsakiyar shekarun 1980. Ya tashi a gidan da ba a maraba da kiɗa, kamar yadda yake a gidajenmu da yawa. Bayan ya ga wasan shahararren mai jitar Abzinawa Abdallah Oumbadougou, sai sha'awar abin ta kama shi, ga shi kuma ba mai saya masa. Don haka ya samo katako ya sassaƙa, ya ɗaura masa wayar birkin keke a matsayin tsirkiya, a kan wannan ya koya. Bahago ne, da hagu yake kaɗawa har yau. Daga baya ya zama mai kiɗan biki a ƙauyuka da garuruwan arewacin Nijar, inda ake kafa lasifika a fili, a tada janareto, a yi ta kiɗa jama'a suna zagaye.

Kundin Sakkwato bai fita kasuwa a wancan lokaci ta hanyar da aka saba ba. Wayar hannu ce ta ɗauke shi. Daga wannan memori zuwa wancan, ta Bluetooth, a tasoshin mota da kasuwanni, waƙoƙin suka ratsa hamada har Mali. A can ne wani Ba'amurke daga birnin Fotlan mai suna Christopher Kirkley, wanda yake yawon tattara waƙoƙin da ke cikin wayoyin mutane, ya ci karo da ɗaya daga cikinsu mai suna Tahoultine. Ya sa ta cikin wani kundi da kamfaninsa na Sahel Sounds ya fitar a 2011, sannan ya bi diddigi har ya gano mai waƙar. Daga nan ƙofa ta buɗe. Aka fitar da kundin Afelan a 2013, aka buga Anar ɗin kansa a faifai a 2014, a 2015 kuma ya fito a matsayin jarumi a wani fim da aka shirya a Agadas da harshen Tamashek, wanda aka gina a kan fim ɗin mawaƙin Amurka Prince na 1984. A 2019 ya fitar da Ilana, wanda aka ɗauka a Detroit. Kamfanin Matador na Amurka ya fitar masa da Afrique Victime a 2021 da Funeral for Justice a 2024, inda yake kokawa da abin da mulkin mallakar Faransa ya bari a ƙasarsa da kuma yadda ake kwasar arzikinta. Lokacin da sojoji suka karɓi mulki a Yamai ranar 26 ga Yulin 2023, shi da abokan kiɗansa suna Amurka, suka maƙale a can na wani lokaci, a zaman jiran nan suka ɗauki wani kundin da ya fito a 2025.

Kafin mu ci gaba, bari in yi wa mai karatu bayanin irin kiɗan da ake jingina shi da shi, wanda Turawa suke kira rok mai ƙarfi. Asalinsa jita ce mai amfani da lantarki. A ƙarƙashin tsirkiyoyinta na ƙarfe akwai maganaɗisu da aka naɗe da siririyar wayar tagulla zagaye dubbai. Idan aka kaɗa tsirkiya ta girgiza, sai ƙarfin maganaɗisun ya riƙa sauyawa, wannan sauyi ya haifar da ɗan ƙaramin lantarki a cikin naɗin, a tura shi cikin amfilifaya ta ƙara masa ƙarfi, lasifika ta mayar da shi sauti. Ƙa'idar da Michael Faraday ya gano ce a 1831, ita muke koya wa ɗalibai a darasin farko na lantarki, kuma ita ce dai take aiki a cikin janareton da ke ƙofar gidanka. Idan kuma aka tura wa amfilifaya abin da ya fi ƙarfinta, sai ta riƙa yanke kan igiyar sautin, ƙarar ta yi kaushi, ta yi gurnani. Injiniya zai ce wannan aibi ne. Makaɗa irin su Jimi Hendrix, wanda shi ma bahago ne, suka mayar da aibin ado, a kansa aka gina wannan salo gaba ɗaya.

Cikin waɗanda Mdou ya kalli bidiyonsu ya ɗauki wani abu daga salon yatsunsu akwai Eddie Van Halen, kuma tarihin wannan mutum abin dubawa ne. An haife shi a Holan a 1955, iyayensa suka yi ƙaura da shi zuwa Kalifoniya a 1962, da fiyano ya fara kafin jita. Da ya rasa jitar da za ta ba shi sautin da yake ji a kansa, sai ya sayo sassa ya harhaɗa tasa da hannunsa. Ƙungiyarsa ta fitar da kundinta na farko a 1978. Shi ya kaɗa jitar da ake ji a tsakiyar waƙar Beat It ta Michael Jackson. A 1983 ya gina situdiyonsa a gida don kada wani ya riƙa yanke masa hukunci a kan sautinsa, kuma waƙar ƙungiyar da ta hau matsayi na ɗaya a Amurka a 1984, wato Jump, da madannan fiyanon lantarki ya gina ta. Ya yi rajistar wasu ƙere-ƙerensa a hukumance kafin rasuwarsa a watan Oktoban 2020. Ka ga mutum ɗaya ya haɗa kaɗa jita, da taɓa fiyano, da haɗa sauti, da ƙira. Yaron Azawak da yaron Kalifoniya duk da ƙera kayan aikinsu suka fara. Bambancinsu shi ne ɗaya ya tashi a inda ake rubuta sunan wanda ya yi aiki, a kuma biya shi muddin ana cin moriyar aikin.

Makwabtanmu na Nijar suna da wani labarin da ya fi wannan kusa da mu, na Malam Mamman Sani. Ma'aikaci ne da ya yi hulɗa da hukumar UNESCO, a wajen wani taro ya sayi fiyanon lantarki ƙirar Italiya a hannun wani abokin aikinsa ɗan Ruwanda. Ya zauna ya koya wa kansa, ya riƙa ɗauko amon waƙoƙin gargajiya na Fulani da Abzinawa yana zuba su a cikin na'urar. A 1978 ya ɗauki kundinsa a gidan rediyon ƙasa da ke Yamai, aka buga kaset kwafi kaɗan. Shekara da shekaru rediyo da talabijin na Nijar suna sa kiɗansa a tsakanin shirye-shirye, yara suka tashi da shi a kunnensu, da yawa ba su damu da sanin mai shi ba. Sai a 2013, bayan shekara 35, Sahel Sounds ɗin nan dai ya sake buga kundin, Malam Mamman ya fara samun gayyata zuwa Turai yana dattijo. Ashe abin yana nan a ajiye, mai ɗaga shi ne babu.

Haka abin yake ga sauran. Bombino na Agadas sai da ya je Nashbil a Amurka, Dan Auerbach ya haɗa masa kundin Nomad a 2013, daga baya kundinsa Deran ya shiga jerin waɗanda aka zaɓa don lambar Grammy. Ƙungiyar Tal National ta Yamai, wadda wani alƙali mai kaɗa jita da ake kira Almeida ya kafa, kuma take waƙa da Hausa da Zabarmanci da Fillanci da Tamashek, daga Shikago ta ɗauko injiniyan da ya ɗaukar mata sauti. Shi kansa Mdou, wanda yake haɗa masa kundayensa na baya-bayan nan Ba'amurke ne, Mikey Coltun, mai kaɗa masa babbar jita, kuma sunansa yana rubuce a jikin kowane faifai a matsayin mai haɗa sauti. Ba na ganin laifin waɗannan baƙi, sun ga abu mai daraja sun ɗauka, sun kuma yi aikinsu da kyau. Abin lura shi ne gwanintar yatsu tamu ce, amma gwanintar ɗaukar sauti da tace shi da sayar da shi kullum daga waje ake aro ta. Mafi yawan masu ba da tarihin Mdou sukan ce an ɗauki kundinsa na farko a Sakkwato, su wuce. Hannun da ya ba kundin launin da ya ja hankalin duniya ya zama kamar gishiri a miya, ana jin daɗinsa, ba a ganinsa.

To, mu dawo gida. A ƙasar Hausa mun daɗe da sanin darajar mai kayan kiɗa, harshenmu ma shaida ne. Muna cewa Makaɗa Musa Ɗanƙwairo, muna cewa makaɗan fada da makaɗan noma da makaɗan maza, alhali waƙa suke yi. Kiɗan ne ya ba sana'ar suna. Ba a raba Mamman Shata da kalangu, ko Ɗanmaraya Jos da kuntigi, ko Haruna Uji da gurmi, ko Hassan Wayam da kukuma. Ko a kiɗan zamani mun yi Bala Miller na Zariya, wanda ya haɗa jita da kayan busa na Turawa ya rera da Hausa, kafin rasuwarsa a 2003. Kowane ɗayan waɗannan, da ka ji amon farko ka san ko wane ne, tun bai buɗe baki ba.

A ƙarshen shekarun 1990 al'amari ya sauya. Fiyanon Yamaha ya shigo situdiyoyin Kano, harkar finafinai tana tashe, ana buƙatar waƙa a kowane fim, da sauri kuma da araha. Na'ura ɗaya tana ɗauke da amon ganga da sarewa da goge da jita, yaro ɗaya ya wadatar a inda a da sai an tara mutum goma. Waƙar fim ɗin Sangaya na 1999 ta nuna wa kowa cewa kasuwa ta koma can. Bayan fiyano sai kwamfuta, bayan kwamfuta sai manhajar Auto-Tune. Ita ma wannan manhaja tana da labari. Wanda ya ƙirƙiro ta, Andy Hildebrand, injiniya ne da ya yi aikin nazarin girgizar ƙasa don neman man fetur, sai ya juya lissafin da ake auna amsa-kuwwar ƙarƙashin ƙasa da shi zuwa auna muryar ɗan'adam, aka fitar da ita a 1997. Aikinta shi ne ta ƙirga saurin kaɗawar murya, ta jawo ta zuwa matakin da ya fi kusa. Idan aka umarce ta ta yi jan nan take ba tare da jinkiri ba, sai muryar ta riƙa tsalle daga mataki zuwa mataki, shi ne karkarwar nan da muka sani. Yaran situdiyonmu ba su ƙirƙiri na'urar ba, amma sun sarrafa ta har ta zama tambarin waƙar Hausa ta zamani, wanda Sahel Sounds ya tattara samfurinsa a kundin Harafin So a 2013. Wannan ƙirƙira ce, ya kamata a kira ta da sunanta.

Sai dai sauƙin nan ya zo da asara iri biyu. Ta farko ta shafi kunne. Madannan fiyano matakai goma sha biyu ne da aka raba daidai wa daida, suna maimaita kansu. Kukuma da goge kuwa suna zamewa a tsakanin matakan, a can ne kukansu yake. Kalangu kuma, mai kaɗa shi yana matse tsirkiyoyinsa a hammata yana sassautawa, sautin yana hawa yana sauka yadda karin harshen Hausa yake hawa da sauka, shi ya sa yake magana, shi ya sa ake gane taken mutum ba tare da an furta kalma ba. Kalangun da ke cikin na'ura hoton bugu ɗaya ne da aka ɗauka aka ajiye, ba ya magana. Yaron da ya tashi bai taɓa jin na gaske ba, ba zai san abin da ya rasa ba. Abzinawa sun karɓi lantarki amma sun riƙe tsirkiya a hannu, suka zuba salon kayan kiɗansu na gargajiya a cikin jita, shi ya sa da Mdou ya hau dandali a ko'ina ba ya kama da kowa. Mu mun karɓi lantarki mun saki tsirkiya, ga shi yanzu masu sassaƙa gurmi da kuntigi suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya, 'ya'yansu sun kama wasu sana'o'in.

Asara ta biyu ta shafi aljihu, ita ce ta sa na ɗauko karin maganar da ke kan wannan shafi: kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Yadda aka saba a garuruwanmu, mawaƙi yakan shigo situdiyo da baitocinsa da ɗan karin da yake rerawa. Mai fiyano ne zai nemo matakin da ya dace da muryarsa, ya gina kiɗan daga tushe, ya ɗauki murya, ya gyara, ya tace, wani lokaci ya kwana a kai yana fama da ɗaukewar wuta da tsadar mai. A ƙarshe a ba shi kuɗin aiki sau ɗaya, a yi sallama. Idan mawaƙin mai kirki ne ya ambaci sunansa ko na situdiyonsa a cikin waƙar. Waƙa ta fita ta karɓu, a yi ta sa ta a gidajen biki, ɗan siyasa ya ba da mota, YouTube da Audiomack su fara biya, duk babu ko sisin mai fiyano a ciki. Ambato a waƙa kirari ne, kirari kuwa ba ya biyan kuɗin makarantar yara. Na san matasa a nan yankinmu masu kunne da basira, da suka yi shekaru a wannan aiki, suka gaji suka sayar da kayan suka koma tuƙa babur mai ƙafa uku. Kowane ɗaya da ya tafi, ya tafi da ilimin da babu inda aka rubuta shi.

Abin takaicin shi ne doka ba ta yi shiru ba. Sabuwar dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta bambanta tsakanin kiɗan da aka tsara da kuma sautin da aka ɗauka, kowanne da haƙƙinsa. Kiɗan da mutum ya ƙirƙira yana da kariya tsawon rayuwarsa da ƙarin shekara 70 bayan rasuwarsa, sautin da aka ɗauka kuma shekara 50. Ma'ana, yaron da ya tsara amon waƙa yana da abin da zai bar wa magadansa, in dai bai sayar da shi da baki a kan kuɗin cefanen kwana biyu ba. Matsalar ita ce muna jin nauyin rubuta yarjejeniya, muna ganin kamar rashin yarda ne ka ce wa abokinka ya sa hannu a takarda. Amma mu ɗin nan ne idan za mu sayi saniya a karar Wudil ranar Juma'a sai mun nemi dillali da shaidu, mun karɓi takarda. Waƙar da za ta yi shekara ashirin tana kawo kuɗi ba ta gaza saniya daraja ba.

Na san akwai mai karatun da zai ce, Malam, duk matsalolin da ke gabanmu, ga tsadar abinci ga rashin tsaro, sai maganar kiɗa? Wani kuma zai ce al'ummarmu tana da matsayinta a kan kaɗe-kaɗe, kuma malamai sun yi magana. Ina girmama wannan, hukunci na ma'abotansa ne, ba kuma filin wannan shafi ba ne. Abin da nake cewa shi ne sana'ar sauti ta fi kiɗa faɗi. Wanda ya san yadda ake ɗaukar murya da tsabta, shi ne zai ɗauki karatun alaramma da tafsirin watan azumi, shi zai yi wa sha'irai aiki, shi gidajen rediyon da suka cika Kano tun bayan buɗe Freedom a 2003 suke nema, shi zai gyara muryoyin fim, shi zai mayar da littattafanmu abin saurare ga makafi da waɗanda ba su yi karatu ba. Sau nawa ka zauna a babban masallaci ko zauren taro da aka kashe miliyoyi wajen gina shi, aka rataya lasifika ko'ina, amma amsa-kuwwa ta hana ka fahimtar abin da ake faɗa? Wannan ba laifin mai magana ba ne. An yi ginin ne ba tare da an tambayi wanda ya san yadda sauti yake dukan bango ya dawo ba. Ilimi ne mai lissafi da ma'auni, kuma babu wanda zai ce haramun ne a ji huɗuba da kyau.

Game da masu cewa jita kayan Turawa ce, sai in tuna musu cewa fiyanon ma ba a Ƙofar Wambai aka ƙera shi ba, haka lasifika da wayar da ke hannunsu. Kaya na wanda ya iya sarrafa shi ne. Ba na kuma kira ga yaranmu su bar gashi su kwaikwayi mutanen Kalifoniya. Darasin Mdou akasin haka ne: da harshensa yake waƙa, da rawaninsa yake hawa dandali, damuwar mutanensa yake faɗa, abin da ya sa aka saurare shi ke nan.

Me ya kamata a yi? Zan fara da inda nake. Wudil gari ne da Allah Ya haɗa masa abubuwa: ga jami'ar kimiyya da fasaha da ta fara aiki a 2001, wadda yanzu take ɗauke da sunan Aliko Ɗangote, ga babbar hanyar da ta haɗa Kano da gabas, ga Kano kanta, cibiyar finafinai da waƙoƙin Hausa, tafiyar da ba ta kai awa guda ba. Manyan makarantunmu na fasaha a Arewa suna da malaman lantarki da na kwamfuta da na tsara gine-gine. Abin da ya rage shi ne a haɗa waɗannan a buɗe gajeren kwas na injiniyancin sauti, na wata shida ko shekara guda, a koyar da shi da Hausa, a karɓi yaran situdiyo da masu gyaran amfilifaya na bakin kasuwa ko da ba su da takardar shiga jami'a. Su suna da kunne da hannu, mu muna da ƙa'ida da lissafi, kowa zai ƙaru da ɗan'uwansa. A Yamai akwai cibiyar koyar da kiɗa ta Alhaji Taya tun ƙarshen shekarun 1980, ba abin kunya ba ne mu leƙa mu ga yadda suke yi.

Na biyu, ɗalibanmu na ajin ƙarshe da suke ta maimaita ayyukan da aka yi shekara goma da suka wuce, me zai hana wani ya ɗauki gurmi ko kuntigi ko garaya ya ƙera masa abin ɗaukar sauti na lantarki, ya auna, ya rubuta? Me zai hana wani ya zauna da masu kalangu da kotso da taushi ya ɗauki amonsu da kyau, ya gina rumbun sautin Hausa da za a sa a kwamfuta, domin yaran situdiyo su daina aron gangar Indiya da ta Amurka? Wannan aiki ne da za a iya sayarwa a duniya, kuma dattawan da aka ɗauki amonsu su samu rabonsu.

Na uku, ƙungiyoyin mawaƙa da na masu situdiyo su zauna da lauyoyi su fitar da takardar yarjejeniya mai shafi ɗaya da Hausa, wadda za ta fayyace wanda ya rubuta baiti, da wanda ya tsara kiɗa, da wanda ya ɗauki sauti, da kason kowa. Hukumar kare haƙƙin mallaka ta ƙasa da hukumar tace finafinai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001, suna iya taimakawa wajen yaɗa ta. Mawaƙanmu kuma, musamman manyan da Allah Ya ɗaukaka, su fara rubuta sunan mai haɗa sauti a ƙarƙashin kowace waƙa da suka ɗora a intanet. Ba ya rage musu komai.

Na huɗu, ajiya. Kaset-kaset da faifan CD na farkon wannan harka suna lalacewa a cikin kwalaye, kwamfutocin da aka yi aikin a kansu sun mutu da abin da ke cikinsu. Gidajen rediyo da jami'o'i da gidajen tarihi su tattara tun masu aikin suna raye, a tambaye su, a rubuta wane ne ya yi me, a wace shekara, da wace na'ura. Malam Mamman Sani ya yi sa'a kaset ɗinsa ya tsira har wani ya zo daga Fotlan ya same shi. Ba kowa ne zai yi wannan sa'ar ba, kuma bai kamata tarihinmu ya dogara da zuwan baƙo ba.

Iyaye kuma ina da magana da ku. Idan kun ga yaro yana kwance rediyo yana ɗaurawa, ko ya tsiri haɗa lasifika da gwangwani da maganaɗisun tsohuwar fanka, kada ku yi saurin cewa ya lalace. Ku sa masa ido, ku tsare tarbiyyarsa, ku kai shi inda zai koyi abin da tushe. Cikin irin waɗannan yara ne injiniyoyi suke fitowa, kuma ƙasar da ta yi wasa da su takan wayi gari tana biyan baƙi kuɗi mai tsada don su yi mata aikin da 'ya'yanta suka fara iyawa.

Allah Ya sa mu dace. Sai mako mai zuwa, idan Mai Duka Ya kai mu.